Likita Barau Dikko: Ya Kafa Rumfa, Bai Zauna Inuwarta Ba

Duk wanda ya taɓa zama a Kaduna ya san sunan Barau Dikko, ko da kuwa bai san mai sunan ba. Suna ne da ke bakin direbobin tasi, da mata masu zuwa awon ciki, da dangin majinyaci da suka yi sammako da kwanon abinci a hannu. Asibiti ne babba a tsakiyar gari, wanda tsofaffin mazauna Kaduna sukan kira Nasin Hom, a yau kuwa shi ne asibitin koyarwa na Jami'ar Jihar Kaduna. In aka tambayi masu shiga da fita ko wane ne wannan Barau Dikko, akasari za su ce wani likita ne na zamanin da. Amsar gaskiya ce, sai dai ba ta cika ba. Wannan bawan Allah shi ne ɗan Arewacin Nijeriya na farko da ya sami digirin likita, kuma shi ne shugaban farko na Jam'iyyar Mutanen Arewa, wato ƙungiyar da daga baya ta zama NPC, jam'iyyar Sardauna da Tafawa Ɓalewa. Abin lura a tarihinsa shi ne, ran da ƙungiyar da yake shugabanta ta ɗaura ɗamarar shiga majalisa, ran nan ne ya ajiye shugabancinta ya koma wajen majinyatansa.

A ƙasashe da dama likitocin farko sun wuce daga ɗakin duba marasa lafiya zuwa zauren yin doka ba tare da wani cikas ba. Shi Dikko ya zo har bakin ƙofa sannan ya juya. Dalilin juyawar tasa yana bayyana yadda aka aza harsashin siyasar Arewa, da irin mutanen da aka buɗe wa ƙofarta, da waɗanda aka bari a waje.

Yaron Mishan a Ƙasar Zazzau

An haifi Russell Aliyu Barau Dikko a ƙasar Zazzau cikin shekarar 1912, wato shekara tara bayan Turawa sun ci Kano da Sakkwato. Jerin sunayensa kaɗai ya isa ya ba da labarin gidan da ya fito. Aliyu da Barau da Dikko sunaye ne da kowane Bahaushe ko Bafulatani ya saba ji, Russell kuwa sunan baftisma ne. Ya tashi cikin wata 'yar ƙaramar al'umma ta Hausawa da Fulani Kirista, wadda ta taru kewaye da wani likita Bature mai suna Walter Miller, wanda Zazzagawa suka fi sani da Likita Mila.

Shi Likita Mila ya fara shigowa ƙasar Hausa ne a 1900 cikin wata tawagar mishan ta C.M.S. ƙarƙashin Bishop Tugwell, bayan ya koyi Hausa wurin Hausawan Tarabulus. Tawagar ta isa Kano da nufin zama, amma Sarkin Kano Alu ya umarce su da su fice, suka dawo suka yada zango a Girku, kudu da Zariya. A 1905 aka yarje wa Mila ya zauna cikin birnin Zazzau, ya buɗe makaranta da ɗakin shan magani. Wannan dama ce da ba kasafai ake samun irinta ba, domin Gwamna Lugga ya yi wa sarakuna alkawarin ba za a taɓa addininsu ba, saboda haka gwamnatin mallaka takan hana 'yan mishan zama a biranen Musulmi. A 1929 aka fitar da mishan ɗin daga cikin ganuwa zuwa gindin dutsen Wusasa, inda aka gina majami'a da ƙasa bisa fasalin ginin Hausa, da asibiti da makaranta. Daga wannan 'yar unguwa ce aka sami Ishaya Audu, likitan da ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello, da kuma wani ɗan mai wa'azi da ake kira Yakubu Gowon, wanda zai sake fitowa a ƙarshen wannan labari.

A wancan zamani babbar makarantar boko ta Arewa ita ce Kwalejin Katsina, wadda aka buɗe a 1922 domin horar da malaman makaranta daga cikin 'ya'yan Musulmi. Nan su Ahmadu Raɓa da Abubakar na Bauci da Abubakar Imam suka yi karatu. Makaranta ce mai kyau, amma ba a tsara ta don ta kai ɗalibi jami'a ba. In ya gama sai ya koma lardinsu ya kama aikin koyarwa ko na En'e. Yaron mishan ba ta nan hanyarsa ta bi ba. Dikko ya gangara Ikko, ya shiga Kwalejin King's, daga can kuma ya haye zuwa Jami'ar Birmingham a Ingila, inda ya karanta aikin likita. Ta haka ne hanyar da ta raba shi da sa'o'insa ta kai shi matakin da babu ɗayansu da ya taka a lokacin.

Baƙar Fata Cikin Farar Riga

Dikko ya kama aikin gwamnati a 1940. Aikin da ya shiga kuwa yana da tsohon tabo. Tun 1902 Ingila ta haɗa likitocinta na Afirka ta Yamma cikin rukuni guda, ta kuma sharɗanta cewa sai wanda iyayensa Turawa ne zai shiga. Likita baƙar fata, ko da a Edinbura ko Landan ya yi karatu tare da Baturen, sai a ajiye shi a wani rukuni na daban mai ƙarancin albashi da jinkirin ƙarin girma. Asibitoci ma kashi biyu ne, da na Turawa da na 'yan ƙasa. Da aka buɗe makarantar likita ta Yaba a 1930, takardar da take bayarwa ta mataimakin likita ce, wadda ba ta da daraja a wajen Nijeriya. Sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu wannan katanga ta fara rushewa, a hankali kuma.

Cikin wannan hali, ɗan Zazzau mai cikakken digirin Ingila baƙon abu ne ga kowa. Ga Turawa abokan aikinsa, ɗan ƙasa ne. Ga talakawan da ke zuwa asibiti, likita ne da ba ya bukatar tafinta, wanda in tsohuwa ta ce iska ce ta taɓa jikanta ya san abin da take nufi, ya kuma san yadda zai ba ta amsa ba tare da ya muzanta ta ba. Ƙidayar 1952 zuwa 1953 ta nuna mutanen Jihar Arewa sun kusa miliyan 17. A farkon waɗannan shekaru, in ana maganar ɗan Arewa mai digirin likita, mutum guda ake nufi.

Abin da Likita Ke Gani

Likitan gwamnati na wancan lokaci ba a ɗakin tiyata kaɗai yake ƙare yininsa ba. Shi ke zagaya ɗakunan shan magani na En'e, ya duba aikin disfensa da dubagari da masu yin lamba, ya leƙa gidan yari, ya rubuta rahoto in annoba ta ɓarke. Cututtukan da ke gabansa sanannu ne: agana da ƙyanda da kuturta da kurkunu da zazzaɓin cizon sauro, sai kuma sanƙarau da ke zuwa da zafin bazara ya lafa da saukar damina. A ƙarshen shekarun 1940 da farkon na 1950 sanƙarau ya yi wa Arewa mummunar ɓarna. A ƙasar Zazzau ita kanta ciwon barci ya yi ƙamari har ya sa gwamnati ta ƙirƙiro shirin Ancau, inda aka sare kurmin bakin rafuka don korar ƙudan tsando, aka tashi ƙauyuka, aka gina sabon gari aka raɗa masa suna Takalafiya.

Mai irin wannan aiki ba ya daɗewa kafin ya gane cewa yawancin abin da ke kawo mutane asibiti ba a asibiti yake farawa ba. Kurkunu daga tafkin da ake sha yake, tafkin kuwa ana shan sa ne don ba a haƙa rijiya ba, rijiyar kuma wani ne a ofis ya ga ba ta cikin kasafin bana. Tsakanin 1942 da 1944 an yi ɗiban gwamna, aka kwashi dubban manoma ala tilas zuwa haƙar kuza a tsaunukan Jos, sanyi da yunwa da cuta suka kashe da yawa daga cikinsu. Wannan ba ƙaddarar damina ba ce, umarni ne da aka sa wa hannu. Likitan da ya ga irin wannan sau ɗaya, sau biyu, dole ya fara tambayar wa ke yanke shawara, kuma wa ke iya tuhumarsa.

Haihuwar Jam'iyyar Mutanen Arewa

Shekarun 1940 shekaru ne na farkawa. Jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fitowa daga Zariya a Janairun 1939 da Abubakar Imam a matsayin edita, ta koya wa masu karatu yin muhawara a rubuce. Sojojin da suka dawo daga Bama sun ga duniya. A Bauci, Sa'adu Zungur da Aminu Kano da Abubakar Tafawa Ɓalewa suna zaman tattaunawa da ke ɗaga wa hukuma hankali. Tsarin mulkin Gwamna Richards, wanda ya fara aiki a Janairun 1947, ya kafa wa Arewa Majalisar Sarakuna da Majalisar Wakilai a Kaduna. A Kudu kuwa NCNC ta yi ƙarfi, Yarbawa da Ibo kowa ya kafa ƙungiyarsa. 'Yan bokon Arewa, waɗanda ba su taka kara sun karya ba wajen yawa, suka ga in ba su haɗa kai ba za a yanke makomar ƙasa suna kallo.

Cikin watan Oktoba na 1948 aka yi taruka biyu, ɗaya a Zariya wanda Likita Dikko ya jagoranta, ɗaya a Kaduna ƙarƙashin Malam D. A. Rafi. Ƙungiyoyin biyu suka haɗe suka zama Jam'iyyar Mutanen Arewa, aka yi babban taronta na farko a Kaduna cikin watan Yuni na 1949. Aka zaɓi Dikko shugaba, Abubakar Imam ma'aji, Sa'adu Zungur mai ba da shawara kan shari'ar Musulunci, Aminu Kano kuma cikin masu binciken kuɗi. Manufar da suka shelanta ita ce yaƙi da abubuwa uku: jahilci da lalaci da zalunci.

Ya kamata a dakata kan wannan zaɓe. Taron da mafi yawan mahalartansa Musulmi ne, cikinsu har da malami mai zurfin ilmin addini kamar Sa'adu Zungur, ya ɗora Kirista a kan kujerar shugabanci. Ana iya hango dalilan haka. Dikko ya fi kowa zurfin karatun boko. Yana da matsayin da Razdan ba zai raina ba. Ba ya cin albashin wani sarki, saboda haka ba a iya kiran sa fada a ja masa kunne kamar yadda ake yi wa malamin makarantar En'e. Bugu da ƙari ɗan gida ne, harshensa da ɗabi'unsa na Zazzau ne. Mutanen wancan taro sun auna shi da waɗannan, ba su ga addininsa ya hana shi jan ragamar Arewa ba.

Sai dai tun daga ranar farko jam'iyyar tana tafiya ne a kan siraɗi. Sarakuna suna yi mata kallon zargi, Turawa suna sa mata ido. Shugabanninta suka yi ta jaddada cewa ƙungiyar al'adu da wayar da kai ce, ba ta zo ƙwace ikon sarakuna ba, ta zo ne ta taimaka musu. Matasan Kano ba su gamsu da wannan lallami ba. Ran 8 ga Agusta 1950 suka kafa NEPU, suka fito fili suka ce rikicin Arewa tsakanin talakawa ne da masu sarauta. A cikin watan ne kuma Tafawa Ɓalewa ya gabatar da ƙudurinsa a Majalisar Wakilai yana neman a gyara tsarin En'e. Da aka haɗu a taron Jos cikin Disambar 1950, masu sassaucin ra'ayi suka yi rinjaye, 'yan NEPU suka kama gabansu. Jam'iyyar Dikko ta fito daga Jos ta rasa masu zafinta, ba ta kuma sami amincewar fada ba.

Taura Biyu

A 1951 tsarin mulkin Gwamna Macpherson ya kawo zaɓe. Zaɓe ne na hawa-hawa: a fara daga unguwa ko ƙauye, waɗanda suka ci su zaɓi na gunduma, a yi ta hawa har matakin lardi, inda kuma aka ba En'e ikon cusa nata mutane cikin masu zaɓen ƙarshe. A matakan farko NEPU ta yi abin da ba a zata ba, musamman a birnin Kano. Hankalin sarakuna da na Turawa ya tashi, aka ga lalle sai an sami jam'iyyar da za ta tare ta. Ba a tsaya ƙirƙiro sabuwa ba, sai aka waiwayi wadda ke kwance. Ran 1 ga Oktoba 1951 aka shelanta cewa Jam'iyyar Mutanen Arewa ta zama jam'iyyar siyasa. Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello da Tafawa Ɓalewa suka shigo, manyan ma'aikatan En'e suka biyo su.

Nan ne ƙa'idar aiki ta yi halinta. Dokokin aikin gwamnati sun hana ma'aikaci shiga siyasar jam'iyya. Ma'aikacin En'e kuwa wannan hani bai ɗaure shi haka ba. Wakilin sarki da magatakarda da hakimi da shugaban makarantar midil duk suna iya tsayawa zaɓe su riƙe aikinsu, amma likitan gwamnati sai ya zaɓi ɗaya. Taura biyu ba ta taunuwa. Dikko da sauran ma'aikatan gwamnati suka sauka daga muƙamansu na jam'iyya, wani ɗan kasuwa mazaunin Ikko, Alhaji Sanda, ya riƙe kujerar na wucin gadi, har zuwa 1954 da Sardauna ya zama shugaban jam'iyya kuma Firimiyan Jihar Arewa.

Sakamakon wannan bambanci ya wuce kan mutum ɗaya. Majalisar da aka kafa bayan zaɓen 1951 ta cika da ma'aikatan En'e da 'ya'yan sarauta, NEPU ba ta tsira da kujera ko ɗaya ba, 'yan ƙalilan masu ilmin sana'a da ke aikin gwamnati kuma doka ta tsare su a ofisoshinsu. Ƙungiyar da aka kafa don ta faɗa wa masu mulki gaskiya cikin ladabi ta koma hannun masu mulkin. Wanda ya kafa rumfar yana tsaye a rana, waɗansu suka shimfiɗa buzu a inuwarta.

Waɗanda Suka Shiga

Domin a gane abin da ya tare Dikko, yana da kyau a dubi takwarorinsa da suka sami shiga majalisa a wasu wurare. A Amurka, cikin mutum 56 da suka sa hannu kan takardar shelar 'yancin kai ta 1776 akwai likitoci, irin su Josiah Bartlett da Lyman Hall da Matthew Thornton. Wanda ya fi su suna shi ne Benjamin Rush na birnin Filadalfiya, wanda ya sami digirinsa a Edinbura a 1768. Rush ya zauna a majalisar da ta jagoranci ɓallewa daga Ingila, ya koma aikinsa, ya kuma tsaya cikin birnin lokacin annobar shawara ta 1793 sa'ad da masu hali suka gudu, duk da cewa maganinsa na zubar da jini da ba da gudawa ya jawo masa suka mai tsanani. Abin da ya ba shi damar shiga da fita yadda ya so shi ne, abincinsa daga majinyatansa da ɗalibansa yake fitowa, babu gwamnan da ke biyan sa.

Haka abin yake a Ikko. Wariyar 1902 ta kori likitocin Kudu da dama daga aikin gwamnati, suka buɗe asibitocin kansu a birnin da ke da masu iya biya. Da tsarin mulkin 1922 ya ba Ikko kujeru uku na zaɓe a Majalisar Dokoki, Likita Adeniyi-Jones ya ci ɗaya a 1923 ƙarƙashin jam'iyyar Herbert Macaulay, ya zauna har 1938, shekarar da wani likitan, Kofo Abayomi, ya shigo. Wulaƙancin da aka yi musu ya zame musu 'yanci. A Zariya ko Kano ta 1951 babu kasuwar da za ta ciyar da likita mai zaman kansa, kuma in likitan Arewa guda ɗaya ya ajiye aiki, babu na biyu da zai maye gurbinsa.

Misali na uku ya fi kusa da Hausawan da iyakar Turawa ta bari a hannun Faransa. Félix Houphouët-Boigny na Kwaddibuwa ya gama makarantar likita ta Dakar a 1925. Makaranta ce irin ta Yaba, mai fitar da mataimakan likita. Ya yi shekaru yana aiki a garuruwan ƙasarsa yana ganin yadda aikin tilas ke cin jikin mutane. Kafin ya shiga siyasa ya riga ya bar aikin asibiti, ya gaji sarautar yankinsu, ya zama babban manomin koko da kofi, har ya kafa ƙungiyar manoma baƙar fata a 1944. A 1945 aka zaɓe shi wakili zuwa majalisar tsara tsarin mulki a Faris, can ya gabatar da dokar da ke ɗauke da sunansa, ta 11 ga Afrilu 1946, wadda ta haramta aikin tilas a duk ƙasashen da Faransa ke mallaka.

Mutanen Damargu ba sa bukatar a fassara musu nauyin wannan doka. Ƙasarsu ita ce rumbun geron da ayarin Abzin ke tsayawa ya auna kafin ya wuce Damagaram da Kano, wannan albarka kuwa ita ta jawo mata idon kumandan. Lokacin yaƙin Kawusan na 1916 zuwa 1917 an ƙwace raƙuma da hatsi don ciyar da sojan Faransa. Bayan haka aka yi ta ɗibar maza zuwa gyaran hanya da ɗaukar kaya da ginin bariki ba lada, daga Tanut zuwa Gangara, daga Belbeji zuwa ƙauyukan kwarin Tarka. Gidaje da yawa na kudancin Nijar sun tsere zuwa ƙasar Ingilishi saboda wannan da kuma lanho. Dokar 1946 ba ta share komai dare ɗaya ba, haraji ya zauna, tilas ta ci gaba ta wasu sigogi na ɗan lokaci. Amma ta zare wa kumandan babbar sandarsa. A shekarar ce aka kafa jam'iyyar PPN a Yamai, aka kuma zaɓi malamin makaranta Hamani Diori wakilin Nijar a Faris. Wannan shi ne abin da likita guda ya iya yi da kujera guda. Ba a kuma manta ba cewa shi wannan likita ya mulki ƙasarsa daga 1960 har rasuwarsa a 1993, shekara talatin daga ciki ƙarƙashin jam'iyya ɗaya tilo. Kujera takan ba mutum ikon warkarwa, takan kuma manne masa.

Doka Ba Majalisa

Dikko ya ci gaba da aikinsa. A 1953 ya zama babban likita, a 1957 aka ba shi jagorancin sashen yaƙi da cututtukan da suka yi kaka-gida, daga bisani ya kai matsayin Babban Sakataren Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Arewa. Shekarun nan su ne na faɗaɗa maganin kuturta ta hanyar raba ƙwaya a ɗakunan shan magani na ƙauye maimakon tsare majinyata a zango, da yawaita lamba, da horar da 'yan Arewa aikin jinya da unguwarzoma. Ministocin da yake yi wa aiki 'yan jam'iyyar da ya kafa ne. Su ke tsayawa a majalisa su yi jawabi, shi ke zaune a ofis yana shirya abin da za a aiwatar.

Juyin mulkin 15 ga Janairu 1966 ya kashe Sardauna da Tafawa Ɓalewa, ya rufe majalisu, ya soke jam'iyyu, har da NPC. Bayan na biyu a watan Yuli, mulki ya faɗa hannun Yakubu Gowon, yaron nan na Wusasa. A watan Yuni na 1967, ana gab da yaƙin basasa, Gowon ya gayyato farar hula cikin Majalisar Zartarwa ta Tarayya. Cikinsu akwai Obafemi Awolowo da Anthony Enahoro da Aminu Kano, akwai kuma Likita Dikko, wanda aka ba Ma'aikatar Ma'adinai da Lantarki. Shekara goma sha takwas bayan taron Kaduna, tsohon shugaban jam'iyya da tsohon mai binciken kuɗinta suka sake zama a tebur guda.

Ma'aikatar da aka ba shi ba ƙarama ba ce, domin man fetur yana ƙarƙashinta, shi ne kuma ɗaya daga cikin abubuwan da ake yaƙi a kansu. A zamanin da yake riƙe da ita aka kammala madatsar ruwa ta Kainji, aka kuma fitar da dokar man fetur ta 1969, wadda ta mallaka wa gwamnatin tarayya duk man da ke ƙarƙashin ƙasar Nijeriya, dokar da ta zauna ginshiƙin harkar har zuwa 2021. A 1971 aka mai da shi Ma'aikatar Sufuri, a daidai lokacin da Aminu Kano, malamin makaranta, ya karɓi ta Lafiya. Mutumin da ƙa'ida ta hana shiga majalisar zaɓaɓɓu ya sami kansa cikin masu tsara doka a lokacin da babu majalisa, babu zaɓe, babu mai tashi daga ɗaya ɓangaren ya ce bai yarda ba. Ya rasu a 1977, shekara biyu kafin a sake buɗe majalisa a Nijeriya.

Kammalawa

Masu nazarin tarihin Arewa sukan wuce sunan Dikko cikin layi ɗaya ko biyu, a matsayin wanda ya share fage kafin manya su iso. Akwai hujjar da za a ce zaɓin da ya yi a 1951 shi ne daidai, domin Arewa tana da masu iya jawabi da yawa a lokacin, likita kuwa ɗaya gare ta. Akwai kuma hujjar da za a ce an yi hasara, domin majalisar da ta tsara kasafin lafiya da ruwan sha na mutum miliyan 17 ba ta da ko mutum guda da ya taɓa tsayawa kan gadon mai sanƙarau a matsayin likita. Hujjojin biyu ba sa karo da juna. Laifin yana ga tsarin da ya sa dole a zaɓa, wanda ya sake wa ma'aikacin fada mara ya ɗaure ma'aikacin asibiti.

Abu na biyu da tarihinsa ya bari ya shafi Kaduna ta yau, garin da rikice-rikicen 2000 da 2002 suka raba mazaunansa, Musulmi suka fi yawa a arewacin kogi, Kirista a kudancinsa. A wannan gari ne a 1949 jikokin malaman jihadi suka ɗaga hannu suka zaɓi ɗan mishan ya shugabance su. Sunayen waɗanda suka zo bayansa suna kan jami'o'i da filayen jirgin sama da takardun kuɗi. Nasa yana kan ƙofar asibiti, inda masu jinya daga ɓangarorin kogin biyu suke bin layi ɗaya su karɓi kati.